Yanda zaka kalli tsohuwar gasar tanis ta Stuttgart ka gane abun da ake yi a fili

Duk wanda ya fara kallon tanis a zamanin Nadal da Djokovic, ranar da ya kunna wani wasan cikin zaure na shekarun 1990 abun da zai fara cewa shi ne wannan ai ba wasa ake ba, mutum ya buga sabis ɗaya, wato bugun da ake buɗe maki da shi, abokin karawarsa ko motsi bai yi ba an wuce maki na gaba. Na sha jin wannan maganar kuma gaskiya tana min ciwo, domin wasan cike yake da dabara, idon mai kallo ne kawai ya saba da a yi ta musayar ƙwallo sau ashirin daga bayan fili, toh idan aka taƙaita masa komai cikin bugu uku sai ya ga kamar ba a yi komai ba. Shi yasa nace bari in bayyana yanda ake kallon irin waɗannan wasannin, kuma gasar da zamu yi aiki da ita ita ce Eurocard Open ta birnin Stuttgart a ƙasar Jamus, wadda yanzu babu ita, a 2001 aka yi ta ƙarshe.

Da farko dai ka tabbatar gasar da kake nema ita ka samu, domin idan ka rubuta Stuttgart kawai a YouTube zaka ruɗe. Akwai gasar maza da ake yi a waje a kulob ɗin Weissenhof, da can a kan jar ƙasa ake yinta, daga 2015 ta koma kan ciyawa, wannan tana nan har yanzu kuma ba ita muke nufi ba. Akwai kuma ta mata, Porsche Tennis Grand Prix, ita ma ba ita bace. Tamu ita ce wadda ake yi a cikin babban zauren Hanns-Martin-Schleyer-Halle, saboda haka ka rubuta Eurocard Open ko Stuttgart Indoor ko Stuttgart Masters sannan ka sa shekara da sunan ƴan wasan, idan hoton ya fito ka ga rana ko inuwar bishiya ka san ka ɓata hanya, ka koma. Wani abun da ke rikita mutane kuma shi ne lokacinta ya canza. Daga 1990 zuwa farkon 1995 a watan Fabrairu ake yinta, sai a Oktoban 1995 aka ɗaga darajarta ta shiga cikin manyan gasa tara da ake kira Super 9, waɗanda sune Masters 1000 na yau, ta karɓi gurbin da gasar Stockholm ke riƙe da shi, kuma wannan karon a birnin Essen, shi ma a Jamus, aka yi. Daga 1996 ta dawo Stuttgart a watan Oktoba har zuwa ƙarshenta. Kaga kenan 1995 tana da zakara biyu, Richard Krajicek a Fabrairu, Thomas Muster a Oktoba, kar ka ɗauka kuskure ne idan ka gani a jadawali.

Kafin ka kalli ƴan wasa, ka tsaya ka kalli ƙasan da suke takawa, domin komai daga nan ya taso. Har zuwa 1997 a kan kafet ake buga gasar nan. Ba irin kafet ɗin ɗaki ba, shimfiɗa ce ta roba ko zaren roba da ake warwarewa a kan daɓen zaure idan gasa ta zo, a naɗe idan an gama, tunda zauren ana wasu taruka a cikinsa. Ƙwallo idan ta sauka a kanta bata kama ƙasa ta tashi sama, sulɓewa take yi ta wuce ƙasa-ƙasa, kamar yanda yara ke wurga fallen dutse a kan ruwan tafki. Ga kuma rufi a sama, babu iska, babu rana a ido, babu yayyafi, mai sabis idan ya cilla ƙwallo sama inda ya sa ta nan zata tsaya kowane lokaci. Haɗa waɗannan biyun ka gani, mai sabis yana da kusan komai a hannunsa, mai tarewa kuma yana da ƙasa da daƙiƙa ɗaya ya gane inda ƙwallo ta nufa ya kai raket. Tsawon filin gaba ɗaya mita 23.77 ne, faɗinsa a wasan mutum ɗai-ɗai mita 8.23, ƙwallo kuma tana zuwa da gudun da kan kai kilomita 200 a awa. Idan ka riƙe wannan a ranka bazaka ƙara raina wanda ya kasa mayar da sabis ba, sai ma ka fara mamakin wanda ya mayar.

Ga wanda bai iya lissafin ba, a gurguje. Maki yana tafiya 15, 30, 40, sai gem. Idan an yi 40-40 sai wani ya ci maki biyu a jere. Gem shida da ratar biyu shi ne set, idan an kai 6-6 sai a yi taibirek, wanda ya fara kai maki bakwai da ratar biyu ya ɗauka. Mutum ɗaya ne ke sabis a gem guda, sannan ɗayan ya karɓa, idan ka ci gem ɗin da abokin karawarka ke sabis shi ne birek. A wancan lokacin wasan ƙarshe na manyan gasannin nan set biyar ne, wanda ya fara cin uku ya ɗau kofi, ba kamar yanzu da fainal ɗin Masters ya koma set uku ba. Shi kenan, wannan ya isheka.

Toh yanzu ga ainihin aikin, kuma nan ne nake so ka ba ni hankalinka sosai. Ka daina bin ƙwallo da ido. Na san abun zai maka wani iri da farko, amma a tsohon bidiyo mai dishi-dishi ko ka bi ta bazaka ganta da kyau ba, kuma ba a wurinta labarin yake ba. Ka zaɓi mutum ɗaya ka kafa masa ido na gem uku ko huɗu. Idan mai sabis ne, fara da hannun da yake cilla ƙwallo da shi. Yawancin ƴan wasa idan zasu buga gefe cillawarsu tana ɗan karkata, mai tarewa ya karanta ya riga ƙwallo zuwa, amma Pete Sampras abun da ya sa ya gagari mutane shi ne daga cillawa iri ɗaya yana iya aika ta layin tsakiya ko ya buɗe ta can gefe, babu alamar da zaka kama. Ka tsayar da bidiyon daidai lokacin da ƙwallo ta kai ƙololuwa, ka yi hasashen inda zata je, sannan ka saki. Yi haka sau da yawa a jere ka ga sau nawa zaka dace, wallahi daga nan zaka fara tausayin mai tsayuwa a ɗaya ɓangaren.

Bayan sabis ɗin ya fita, kar idonka ya tafi da ƙwallo, ya tsaya a ƙafafun mai sabis. Zaka ga ya ruga gaba, taku biyu ko uku, sai ya ɗan yi tsalle ya dira da ƙafa biyu a ware daidai lokacin da abokin karawar ke taɓa ƙwallo, yawanci kusa da layin sabis wanda ke da nisan mita 6.40 daga raga. Wannan ɗan tsallen shi ne ke bashi damar juyawa hagu ko dama. Sai bugu na gaba, wato bolin farko, bugun da ake yi kafin ƙwallo ta taɓa ƙasa, kuma a ganina shi ne bugun da ya fi kowane muhimmanci a wasan kafet, ya fi es, wato sabis ɗin da mai tarewa ko taɓa shi bai yi ba, wanda ake ta nunawa a taƙaitattun bidiyo. Idan ƙwallon ta zo masa sama da raga toh maki ya ƙare, zai danna ta kawai. Idan ta zo ƙasa da gwiwa ko ta faɗo a kan takalminsa dole ya durƙusa ya ɗago ta sama, kuma duk ƙwallon da aka ɗago sama an ba abokin karawa dama ya wuce ka ta gefe. Stefan Edberg, wanda ya ci gasar nan a 1991 da 1994, ka kalli yanda yake lanƙwasa gwiwa har kusan ƙasa, bayansa a miƙe, kan raket bai faɗi ba, ya tura ƙwallon can ƙuryar fili a hankali kamar ba cikin gudu ya zo ba. Sabis ɗinsa ma bai kai na su Goran Ivanisevic ƙarfi ba, yana sa mata juyi ne ta ɗan jinkirta ta yi tsalle, shi kuma ya samu lokacin matsowa kusa da raga. Wannan lissafi ne, kuma idan baka san ka duba ba bazaka taɓa gani ba.

Sai ka juya wurin mai tarewa. Duba inda ya tsaya, a kan layin baya yake ko ya ja baya, ya matsa hagu don ya rufe bayan hannunsa ko ya bar gefen a buɗe da gangan don ya yaudari mai sabis. A kan kafet babu lokacin ja da raket baya a yi cikakken bugu, tarewa kawai ake yi a bar ƙarfin sabis ɗin ya mayar da ƙwallo, burin kuma ba a ci maki nan take bane, a sauke ta a ƙafar mai tahowa ne. Idan ka ga mutum ya mayar da ƙwallo a hankali ta faɗi gajere, kar ka ce ya yi rauni, abun da ya nufa kenan. Ka kuma tuna kayan aikinsu ba irin na yanzu bane, Sampras da raket ɗin Wilson Pro Staff mai fuskar inci murabba'i 85 yake wasa, alhali yawancin ƴan wasan yau nasu tsakanin 95 ne zuwa 100, zaren raket ɗin manyan ƴan wasan lokacin kuma na hanjin shanu ne, zaren roba mai sa ƙwallo ta yi juyi ta nutse a ƙafar mai boli sai bayan Gustavo Kuerten ya ci gasar Faransa da shi a 1997 ya fara yaɗuwa. Da irin wancan kayan, wuce mutumin da ya tare raga ba ƙaramin aiki bane.

Shawarar da zan baka wadda ta fi komai amfani ita ce ka ɗauko takarda da biro. Ka ja layi ka raba gida biyu, sunan kowa a sama. Duk gem ka rubuta abu uku kacal, sabis na farko nawa ya shiga, maki nawa mai sabis ya ci idan na farko bai shiga ba ya koma sabis na biyu, sannan ko mai tarewa ya kai 30 a gem ɗin. Kafin set ɗaya ya ƙare takardar zata fara nuna maka abun da allon maki baya nunawa, zaka ga wani yana riƙe sabis ɗinsa cikin minti ɗaya ɗayan kuma kullum sai ya sha da ƙyar, duk da allo yana cewa 4-4. A irin wannan wasan set guda yana iya rataya a kan maki biyu ko uku, 15-30, 30-30, damar birek guda ɗaya tak da ba lallai ta sake dawowa ba. Saboda haka idan ka ga 30-30 kuma sabis na farko ya faɗa raga, ajiye waya, gyara zama, a nan ake yin wasan. Ka lura ko mai sabis zai yi ƙarfin hali ya buga na biyun da ƙarfi ko zai lallaɓa, ka lura ko mai tarewa zai shigo ciki ya tare ta da wuri ya bi ta zuwa raga. Halin mutum a nan yake fitowa fili.

Wasan da zaka fara da shi shi ne fainal ɗin ƙarshen Oktoban 1996, Boris Becker da Pete Sampras. Ka san yanayin da suka shigo da shi tukuna don kallon ya yi maka daɗi. Sampras shi ne na ɗaya a duniya, bai daɗe da cin US Open ba, ya kuma ci gasar Basel. Becker kuwa ya ci gasar Ostireliya a Janairun shekarar, sai ya ji ciwo a wuyan hannu a Wimbledon ya fita a tsakiyar wasa, ya yi jinya, ya dawo ya ci gasar Vienna. Kuma ɗan gida ne, garinsu Leimen a jiha ɗaya yake da Stuttgart, shi ne ma ya ci gasar a 1990 inda ya doke Ivan Lendl, toh zaka ji zauren kamar zai tsage duk lokacin da ya ci maki. Becker ne ya yi nasara, 3-6, 6-3, 3-6, 6-3, 6-4. Kalli wannan sakamakon da kyau, set biyar tsakanin manyan masu sabis guda biyu a kan kafet amma babu taibirek ko ɗaya, ma'ana a kowane set sai da aka karya sabis ɗin wani. Aikinka da takardarka shi ne ka gano a kowane set a wane gem abun ya faru kuma me ya jawo, sabis na farko ne ya ƙi shiga, ko mayarwa ce ta sauka a ƙafa, ko boli ne ya tashi sama. Sau biyu Becker yana baya da set ɗaya yana dawowa, ka duba me ya canza a tsayuwarsa wurin tare sabis tsakanin set na uku da na huɗu.

Idan ka gama wannan kar ka huta da yawa, ka wuce birnin Hanover, shi ma a Jamus, domin bayan kamar wata ɗaya su biyun suka sake haɗuwa a fainal ɗin gasar ƙarshen shekara ta ATP, hukumar gasannin tanis na maza, nan ma cikin zaure a kan kafet. Ba gasar Stuttgart bace amma ci gaban labarin ne, kuma mutane da yawa suna sa shi cikin wasannin cikin zaure mafi kyau da aka taɓa yi, ni ma ina cikinsu. Becker ya buɗe wasan da es huɗu a jere. Sampras ya ci 3-6, 7-6, 7-6, 6-7, 6-4 bayan awa huɗu, taibirek ɗin set na huɗu sai da ya kai 13-11, kuma a duk tsawon wasan sau ɗai-ɗai kowa ya karya sabis ɗin ɗan uwansa. Idan ka jera takardar Stuttgart da ta Hanover gefe da gefe, mutane iri ɗaya, ƙasa iri ɗaya, wata ɗaya tsakani, zaka ga yanda ɗan ƙaramin bambanci a sabis na biyu ke juya sakamako gaba ɗaya.

Ɗan bayani kan bidiyon kansa. Ka nemi cikakken wasa, taƙaitaccen na minti goma es da bugun burgewa kawai zai nuna maka, shi ne ma yake sa mutane suna cewa wasan babu komai. Idan data ce matsala ka sauke shi lokacin da ka samu wifi, dama hoton tsoho ne, ƙaramin inganci ma ya isa, ka kalla set ɗaya yau ɗaya gobe. Ka sa abun kunne, domin a cikin zaure ƙarar bugu tana fita tas, har kana iya bambanta sabis miƙaƙƙe mai ƙara tau da wanda aka goga aka sa masa juyi. Idan boli ya wuce baka gane ba ka rage gudun bidiyon zuwa rabi ka maimaita. Sau da yawa sharhin da Jamusanci zaka same shi, kar ya dameka, idan ka ji Breakball damar birek ce, Satzball makin cin set, Matchball makin gama wasa. Kuma kar ka jira a nuna maka hoton kwamfuta na inda ƙwallo ta sauka, na'urar Hawk-Eye mai yin wannan aikin sai 2006 ta shigo, a lokacin masu kula da layi ne da alƙalin kan kujera ke yanke hukunci, kafet kuma bata barin tabo irin na jar ƙasa da za a sauko a duba, abun da aka kira ya zauna ko ɗan wasa ya yi ta faɗa.

Daga nan sai ka faɗaɗa. Essen 1995 tana da daɗin kallo saboda Muster mutumin jar ƙasa ne, a shekarar ya ci gasar Faransa, daga bayan fili yake wasa, amma ya zo kan kafet ya fitar da Sampras a wasan kusa da na ƙarshe sannan ya doke MaliVai Washington ya ɗau kofi, wannan zai nuna maka cewa ba masu rugawa raga kaɗai ke rayuwa a wurin ba idan mutum yana tare ƙwallo da wuri. Idan kuma sabis tsantsa kake son nazari, Krajicek ne malaminka, ɗan Holan ɗin nan dogo da ya ci Wimbledon a 1996, sau biyar yana zuwa fainal a Stuttgart, 1993, 1995, 1997, 1998 da 1999, ya ci biyu. Na 1997 Petr Korda ne ya doke shi, na 1999 kuma Thomas Enqvist. Shi ma Goran Ivanisevic na 1992 ka duba shi don ka ga yanda sabis ɗin bahago ke jan mutum waje da fili.

Daga 1998 aka cire kafet aka koma fili mai tauri, kuma zaka ga bambancin da idonka idan ka kunna fainal ɗin 2000, inda Wayne Ferreira na Afirka ta Kudu ya doke Lleyton Hewitt mai shekara 19 a set biyar, ƙwallo ta fara tashi, musaya ta fara tsawo, mai tarewa ya fara samun numfashi. Ka yi amfani da takardar nan taka a wannan ma amma ka ƙara layi ɗaya, sau nawa aka je raga, ka kwatanta da na 1996. Na ƙarshe shi ne 2001, Max Mirnyi ɗan Belarus ya taso daga wasannin share fage yana sabis yana bin raga, ya fitar da manya ciki har da Kuerten da Sampras, sai Tommy Haas ɗan Jamus ya tare shi a fainal 6-2, 6-2, 6-2. A shekarar da ta biyo baya gurbin gasar ya koma Madrid, ATP kuma ta daina amfani da kafet a manyan gasanninta daga 2009. A wasan Haas ɗin nan ka sa ido a kan bugun bayan hannunsa na hannu ɗaya duk lokacin da Mirnyi ya taho raga, ka rubuta sau nawa ya bi layi da sau nawa ya ƙetare fili.